Kalmomin da Suka Ga Sarautar Kurfai: Ma'anarsu da Yadda Ake Furta Su

Duk lokacin da sarauta ta cika shekara ɗari, abin da akan fara nema shi ne jerin sunayen waɗanda suka hau gado, da shekarun da kowannensu ya yi, da tsofaffin hotuna, da takardun da Nasara ya bari a ma'ajiyar tarihi ta Yamai. Waɗannan duka suna da amfani, kuma sauran shafukan wannan littafi sun ba su haƙƙinsu. Sai dai akwai wata ma'ajiya da ta girmi takardun nan, wato bakin mutanen Kurfai kansu. A cikinsa akwai kalmomin da suka ga zamanin hari, suka ga zuwan kumandan, suka ga yunwa, har yau kuma tsofaffi na furta su a ƙofar fada da kasuwar Lahadi ta Filinge, alhali jikokinsu sun fara tambayar ma'anarsu, wasu ma suna jin kunyar faɗarsu a gaban baƙo.

Sunan ƙasar ma ya isa misali. Faransawa sun rubuta shi Kourfey, wani lokaci Kourfeye. Mai bin ƙa'idar rubutun Hausa zai rubuta Kurfai. Amma mutumin Shikal ko Luma ko Tunfalis in ya buɗe baki, Kurhwai zai ce, shi ya sa masana harshe suke kiran karin maganar wannan yanki Kurhwayanci, suna lissafa shi cikin Hausar yamma tare da Sakkwatanci da Adaranci da Arewanci. Dalili kuwa shi ne, f irin ta Faransanci, wadda ake ɗora haƙoran sama bisa leɓen ƙasa a furta, ba ta cikin asalin Hausa ko ta ina. Bakano ma da leɓɓansa biyu yake yin ta. A yamma kuwa, in ta zo gaban a sai ta zama hw, a ce hwari, hwata, hwada. In ta zo gaban u ko o sai ta zama h, a ce hura, a ce ƙoho. Gaban i akan ji tahi da kihi, a Arewa ta Dogondutsi kuma har takan gangara ta zama sh, kifi ya koma kishi. Baƙo yakan yi dariya, yana zaton an ce za a ci kishi da tuwo. Ɗan ƙasa ba ya ruɗewa, domin kishin ruwa muryarsa a sama take tun daga farko har ƙarshe, kishin kishiya kuwa gaɓarsa ta biyu faɗuwa take yi.

Wannan hawa da saukar murya, tare da jan wasali, su ne abubuwa biyu da rubutun boko ba ya nunawa, kuma ma'ana ta rataya a kansu. Haruffa huɗu na fara suna ɗauke da kalmomi uku: fara ta farin launi, wadda wasalinta na farko gajere ne, fara ta soma aiki, wadda ake ja a sauke, da fara mai cin hatsi, wadda ake ja daga ƙasa a ɗaga. Wanda ya karanta sanarwa a gidan rediyo ya ce fara ta sauka a gonakin Sanam, ya kuskure murya, to ya faɗi abin da ba shi aka rubuta masa ba, kuma manomi zai gane kuskuren tun kafin ya kai ƙarshen jimla.

Babu kalmar da ta fi cancantar a tsaya kanta a irin wannan rana kamar Mayaƙi. Gininta a fili yake: yaƙi ne aka sa masa ma a gaba, kamar yadda noma ya ba da manomi, ƙira ta ba da maƙeri, saƙa ta ba da masaƙi. Kalmar da kanta tana faɗin inda sarautar ta samo tushe. A ƙarni na 19 garuruwan Kurfai suna zaune ne tsakanin maƙwabta masu ƙarfi, Abzinawan Imanan da na Tagazar a kudu, na Azawak a arewa, kuma wanda ya iya tara mahaya ya kare gari da rijiya da garke, shi ake bi. Da wannan suna aka san Gado Namalaya, wanda Faransawa suka tabbatar a kan kanton Kurfai a farkon ƙarni na 20. Zabarmawa ma sun ari kalmar, suna kiran jagoran yaƙi da ita. To amma alƙalamin Nasara ba shi da ƙ mai lanƙwasa, sai ya rubuta Mayaki, kuma a haka sunan ya shiga takardun haihuwa da na lakkwal. A haka ya fita duniya tare da Adamou Mayaki, haifaffen Filinge a 1919, wanda ya riƙe ma'aikatar harkokin waje daga 1963 zuwa 1965 kafin ya zama jakada a Amurka. A haka kuma aka san Ibrahim Assane Mayaki, firaministan Nijar daga 1997 zuwa farkon 2000. Ba laifin kowa ba ne, na'urar buga takarda ce ba ta da harafin. Amma yau akan ji saurayi ɗan gari yana faɗin sunan da k sassauƙa, yadda ɗan jaridar Faransa ke faɗi, ba tare da ya ji yaƙin da ke cikinsa ba. Bambancin k da ƙ shi ne bambancin baki da baƙi, da na kafa da ƙafa, ba ƙaramin abu ba ne.

Kayan mayaƙan sun tafi, sunayensu sun rage a bakin makaɗa da ranar hawan salla. Lihidi, wanda littafi ke rubutawa lifidi, riga ce mai kauri da aka cusa wa auduga, ana sa wa doki da mahayinsa don kibiya ta maƙale. Asalin kalmar Larabci ne. Sulke na ƙarfe ne, kwalkwali na kai. Samame shi ne harin da ake kai wa gari ba zato, galibi da asuba. Kahi kuwa, ko kafi, ma'ana biyu gare shi, kuma duka biyun tsaro ne: shingen itatuwa da ake kafawa a kewaye gari, da kuma asirin da ake binnewa ranar kafa garin don kada abokin gaba ya ci shi. Yaron yau in ya ji an ce gari yana da kahi, sai ya waiga yana neman shinge.

Zama da maƙwabta bai tsaya ga faɗa ba, ya bar alama a harshe. Takobi daga takuba ta Abzinawa ya fito, haka ma amawali, wato ɓangaren rawani da ke rufe baki, wanda duk basaraken da ke zaune a wannan biki yake ja bisa hancinsa. Babban kwarin da Filinge take gefensa, wanda ya gangaro daga Azawak ya nufi kogin Kwara, taswira na kiran sa Dallol Boso. Dallol kalmar Fulatanci ce mai nufin kwari, Zabarmawa kuma Boboi suke ce wa ɓangarensa na kudu. Su kuma Zabarmawan ba Kurfayawa suke kiran mutanen nan ba, Suje suke cewa, abin da takardun Faransawa suka mayar Soudié. Daga Fulani har ila yau aka karɓo habbanaye. Mutum ya ba ɗan'uwansa ko amininsa aron saniya ko akuya, ta zauna hannunsa har ta haihu, ya riƙe ƴaƴan ya mayar da uwar. Babu kalma guda ta Hausa ko ta Faransanci da ta ɗauki wannan ma'ana duka, shi ya sa ko ƙungiyoyin agaji da suka zo rabon awaki bayan shekarun fari suka bar ta yadda take a cikin rahotanninsu. A ƙasar da tashar kiwo ta Tukunus take, inda aka daɗe ana tace irin shanun Azawak, kalma ce da ta cancanci kowane ɗan makaranta ya sani.

A nan ne ya kamata a yi maganar da ta fi kowace nauyi. An daɗe ana sa wa ƴaƴan Kurfai a rai cewa Hausarsu karkatacciya ce, ta ƙauye, wadda ake gyarawa in an shiga birni. Binciken masana ya nuna akasin haka a wurare da yawa, kuma ba sai an je jami'a ba kafin a ga hujjar, tana cikin Hausar Kano kanta. Bakano yana cewa aure, mutumin yamma yana cewa amre, wani ma ya juya shi ya ce arme. Wanne ne na fari? A tambayi Bakano sunan matar da aka kawo, zai ce amarya, da m ɗinta daram. Yana cewa zauna, a nan ana cewa zamna. Amma shi ma in zai ambaci aikin, zama yake cewa. Ashe m ɗin ta asali ce, a gabas ne ta narke ta koma u a ƙarshen gaɓa. Haka sabka ta zama sauka, samrayi ya zama saurayi, abduga ta zama auduga. Wani masani Bajamushe, August Klingenheben, shi ya bayyana wannan sauyi a ƙarshen shekarun 1920, har yau kuma masu nazarin Hausa da sunansa suke kiran dokar.

Ɗiya ma haka take. Namiji ɗa ne, mace ɗiya, ginin a bayyane. Ƴa ta Kano ɗiyar ce aka matse har ɗ da y suka haɗe suka zama sauti guda. Biyat ta girmi biyar. Riga ta sarki ita ce ta taƙaice ta zama rigas sarki a yamma, rigar sarki a gabas. Sunka zo da munka ji, da na da ta a inda littafi ke sa ne da ce, duk tsofaffin siffofi ne da Hausar yamma ta riƙe; wanda ya saba da rubuce-rubucen ajami na malaman Sakkwato ya san su sarai. Akwai kuma sautukan da gabas ta zubar gaba ɗaya, irin na ɗwaci da twari, inda Kano ke da ɗaci da tari. Gaskiya dai ba duk abin da ke bakin yamma ne tsoho ba: sh ɗin kishi sabon abu ne da ya tsiro daga baya, kowane kari yana da abin da ya riƙe da abin da ya sake. Amma tsohuwar da ta ce wa jikanta ya zamna, ba ta ɓata Hausa ba. Shi ne in ya yi mata dariya ya nuna bai san tarihin kalmar ba.

Ƙidaya ma tana da nata tsofaffi. Kafin ashirin da talatin su shigo daga Larabci, gomiya biyu da gomiya ukku ake cewa. Zangu ɗari ce a lissafin wuri, zambar kuwa dubu, kuma duka biyun suna nan da ransu a Zabarmanci da ma'anar nan tasu. Da kuɗin Nasara suka kori wuri, sai tamma ta zama sunan faran guda, dala ta zama faran biyar. Dala ta samo sunanta ne daga babban kuɗin azurfa na Turai da fatake suka sani tun kafin mulkin mallaka. Tamma ta ɓace daga kasuwa, amma dala ta kafu har ta zama ma'aunin lissafi: mai tumatir ba ta cewa faran ɗari, dala ashirin take cewa, faran dubu kuma jikka. Baƙon da ya zo daga Nijeriya yakan sha wuya kafin ya saba da ninkawa biyar.

Kalmomin zamanin kumandan sun shigo ta kunne, ba ta takarda ba, don haka bakin Hausa ya sassaƙa su yadda ya ga dama. École da harafin gabanta suka haɗe suka zama lakkwal. Service ya zama sarushi, adjudant ya zama lasidan, docteur ya zama lokotoro, canton ya zama kanto. Monsieur, da yara ke kiran malamin lakkwal da shi, ya zama mushe, har ya yi karo da mushen dabba, abin da ya ba iyayen da ba su son a ɗaukar musu ƴaƴa abin zolaya na shekaru. Wadda ta fi su duka ɗaci ita ce lanho, daga l'impôt. Hausa ba ta da p, sai ta mayar da ita f, bakin yamma kuma ya mayar da f ɗin h a gaban o, bisa dokar nan da ta ba da ƙoho. Kalma guda ke nan ta bi ƙa'idar furucin Kurfai tsaf, tana kuma ɗauke da nauyin da ya fi kowane wahalar da sarakunan kanto: su ne aka ɗora wa tara lanho da fitar da mutane aikin dole, suna tsakanin kumandan da talakawansu.

Daga cikin wannan matsi ne wata kalma ta fita daga Kurfai ta zagaya duniya. Wajen 1925, a Shikal, wasu sababbin iskoki suka fara hawa kan wata mace mai suna Shibo da mabiyanta. Hausawa suna kiran iskokin Babule, sunan da ya fi yaɗuwa kuwa shi ne Hauka, kalmar Hausa da kowa ya san ma'anarta, wadda Zabarmawa suka karɓa ta zama sunan wannan dangin iskoki kaɗai. Mabiyan suka ƙi bin umurnin sarki da na Nasara, kumandan Yamai na lokacin, Crocicchia, ya sa aka kamo su aka tsare. Littafin bikin sarauta ba ya rasa dalilin tsallake wannan babi, tun da masarautar na cikin abin da suka yi wa tawaye, amma tarihin ƙasa ne, kuma jikokin ɓangarorin biyu suna zaune yau a inuwa ɗaya. Abin da ya shafi wannan rubutu shi ne sunayen iskokin, domin sun adana Faransanci yadda kunnen talaka ya ji shi a wancan zamani: Gomno, wato gwamna, Kapral Gardi, Lokotoro, Zeneral Maliya, janar na Bahar Maliya, Istambula, mai sunan birnin Santambul. Shi kansa Crocicchia bai tsira ba, an mayar da shi iska, ana kiran sa Kumandan Mugu ko Korsasi, saboda mutumin tsibirin Korsika ne. Ƴan ci-rani suka tafi da Hauka har Gana, a can ne Jean Rouch ya ɗauki fim ɗinsu a 1954 kusa da birnin Akra, wanda Hausawa ke kira Ankara. Ta dalilin fim ɗin, ɗaliban jami'o'in Turai da Amurka sun san kalmar hauka, da yawansu ba su taɓa jin sunan Shikal ba.

Shekarun yunwa su ma da suna ake tuna su, ba da lamba ba. Ta 1913 zuwa 1914 Hausawa suka kira Kakalaba, Zabarmawa suka ce Gande-beri, wato faffaɗan ƙirji. Ta 1931, wadda fara ta share wa hanya kuma ta fi yin ɓarna a yammacin Nijar, Zabarmawa suka sa mata Dowa-jire, shekarar fara. A irin waɗannan shekaru ne anza ke ceton rai: ƴaƴan wani ɗan itacen daji ne masu tsananin ɗaci, sai an jiƙa su kwana da kwanaki ana sake ruwa kafin su ciwu. Ta 1984 kuwa El-Buhari ce, saboda ta zo daidai da rufe iyakar Nijeriya da gwamnatin Janar Muhammadu Buhari ta yi a watan Afrilu na shekarar. Mutane da yawa suna zaton El ɗin nan ta Larabci ce, irin ta Elhaji. Ba ita ba ce. Ƴar ce, wadda bakin Nijar ya mayar ƴal, sannan el. Ma'anar sunan ƴar Buhari, kamar yadda Hausa ta saba mayar da yunwa mace.

Me ya sa waɗannan kalmomi da furucinsu suke ja da baya? Hausar littafi a Nijeriya aka gina ta, bisa karin Kano. Babban ƙamus na Bargery ya fito a 1934, jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fita daga Zariya a 1939, sashen Hausa na BBC ya buɗe a 1957, shekara guda kafin a kafa Rediyo Nijar, wadda ta koma Muryar Sahel a 1974. Daga baya finafinan Kano suka shiga kowane gida. Nijar ta bi sahun daidaita rubutu tun daga taron Bamako na 1966, ta buɗe makarantar gwaji ta farko mai koyarwa da Hausa a Damagaram a 1973, ta kuma tsayar da ƙa'idar rubutunta da dokar ma'aikatar ilimi ta watan Oktoba 1999. Daidaita rubutu alheri ne, don ba a buga littafi daban wa kowane kanto. Kuskuren yana wajen wanda ya ɗauka cewa yadda aka rubuta haka dole a furta. Harafin f alama ce da Bakano zai karanta da leɓɓansa, mutumin Kurfai ya karanta ta hw, kowa ya yi daidai.

Ba a rasa waɗanda suka kula ba. A 1978 wani mai bincike, J. G. Malka, ya buga nazari da harshen Hausa a Nijeriya, inda ya gwada furucin Hausar Filinge da na daidaitacciyar Hausa, Bernard Caron kuma ya fitar da littafi guda a kan Hausar Adar a 1991. Amma irin waɗannan ayyuka a ɗakunan karatu na jami'a suke kwance, malamin da ke koyarwa a Abala ko Itcigin bai taɓa riƙe su ba.

A watan Maris na 2025 kundin sake gina ƙasa ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa na Nijar, ya bar Faransanci da Ingilishi a matsayin harsunan aiki. Wannan na nufin ƙarin littattafan makaranta, da ƙamus, da takardun hukuma, kuma duk wanda aka ba aikin rubuta su zai zaɓi kalmar da za ta shiga da wadda za a bari a waje. Bargery, da yake Bature ne mai aiki a Nijeriya, ya yi wa kalmomi alama a ƙamus ɗinsa, wannan ta Katsina ce, wannan ta Sakkwato, wannan ta Gobir.  Fada ita ce wurin da masu sauran kalmomin suke taruwa kowace safiya, makaɗa da maroƙa da dattawan garuruwa da ardon Fulani, kuma kowace wayar hannu da ke aljihun samarin da ke tsaye bayansu tana iya ɗaukar murya, da hawanta da saukarta da jan wasalinta, abin da alƙalamin kumandan ya kasa.